Tsohon allo da sabon allo: wanne zai kai ka Danchadi ya dawo da kai?

Rubutaccen shirinmu na wannan makon, domin waɗanda data ba ta bar su sun saurara ba.

 Yau inji zai huta, taya ma za ta huta. Maganar allon nan za mu yi, wanda ke tsakiyar dasbod ɗin manyan motoci, mai rediyo da taswira da kiran waya da kyamarar ribas duk a wuri guda. Abin da ya jawo maganar kuwa saƙo ne daga wani dattijo mai sauraronmu a Danchadi, ƙaramar hukumar Bodinga. Bari in karanto shi yadda ya turo, da Sakkwatancinsa:

"Malam, ina son in canza mota. An gwada min guda biyu cikin Sakkwato, duk manya na, guda ta 2010, guda ta 2021. In sabuwar za ni ɗauka sai na sai da shanu na cika. Ɗiyana sun nace sai ita, wai allonta awa talabijin. Ni kuwa abin da ni ka tunani, ranar da allon ga yam mutu ina Danchadi, wa ka gyara min shi?"

Alhaji, ranka ya daɗe, tambayar da ka yi ita ce tambayar. Yara na kallon faɗin allo, kai kana kallon ranar da zai ɗauke. Amma kafin in ba ka amsa sai mun koma baya kaɗan, don mutane na cewa tsohon yayi da sabon yayi kamar biyu ne kawai, alhali uku ne. Kuma na tsakiyar nan, wanda motar 2010 ke ciki, shi ya fi buƙatar bayani.

Na farko dai kowa ya san shi. A watan Satumban 1979 Mercedes ta fito da babbar motarta W126, a ranar 1 ga Oktoban wannan shekarar kuma aka rantsar da Alhaji Shehu Shagari, maƙwabcinku, a matsayin shugaban ƙasa. Tare suka yi zamani, har wasu a ƙasar nan suka laƙaba wa motar sunansa. To me ke cikin dasbod ɗinta? Rediyo ce, galibi ƙirar Becker, da ramin kaset. Wasu daga cikin na Turai har gajeren zango suna kamawa. Shi ke nan. Rediyon nan baƙuwa ce a cikin motar. In ta mutu, ka zare ta ka sa wata, ko ka bar ramin a buɗe ka riƙa ajiye goro. Esi na aiki, fitila na aiki, mota na tafiya. Iyakar rigimar da waɗanda suka biyo bayanta suka zo da ita ita ce lambar sirri: ka cire kan batir, rediyo ta ce sai ka sa mata lamba, takardar lambar kuwa tana can wurin Baturen da ya fara sayen motar.

Yayi na biyu ya fara a 1998, lokacin da Mercedes ta sa tsarin COMAND a S-Class, allo mai launi da taswira a kan faifai. A 2001 BMW ta fito da iDrive a 7 Series: ƙulli guda ɗaya kusa da hannun direba, kana murzawa kana dannawa, wai da shi za ka sarrafa abubuwa kusan 700. An yi ta zagin abin a lokacin, don sai ka shiga ɗaki cikin ɗaki kafin ka canza tasha, amma duk da haka kowa ya kwaikwaya. Audi ta kawo MMI a 2002. Lexus, wadda take da yawa a hanyoyinmu, ta bi tata hanyar. RX 330 da RX 350 na farko masu taswira allon taɓawa gare su, sai a 2009 ta canza zuwa wani ɗan abu kamar linzamin kwamfuta, daga baya kuma ɗan faranti da ake shafawa da yatsa. Duk wanda ya taɓa ƙoƙarin nuna abu da linzamin nan a kan hanya mai gargada ya san abin da nake nufi. Kana nufin rediyo, rami ya kai ka taswira.

Na uku shi ne wanda yaran Alhaji suka gani. Tesla ce ta buɗe ƙofar a 2012 da allo mai inci 17 a Model S. Mercedes ta fito da MBUX a 2018, wanda kake wa magana ya amsa. A 2020 sabuwar S-Class ta zo da allo mai inci 12.8 a tsaye, ta kwashe maɓallan esi ta zuba a cikinsa. A 2021 aka ga Hyperscreen a EQS, gilashi guda mai faɗin santimita 141, daga wannan ƙofa kusan zuwa waccan. A shekarar ce Lexus ta jefar da linzami da faranti ta koma taɓawa zalla a sabuwar NX, BMW kuma ta cire yawancin maɓallan esi a iDrive 8.

To yanzu ga inda bambancin yake, kuma ba a girman allo yake ba. A yayi na farko rediyo baƙuwa ce. A na biyu ta zama 'yar gida. A na uku ita ce uwar gida, makullan ɗakuna duk suna hannunta.

Bari in ba ku abin da ya same ni. Watan Afrilu ne, muna dawowa daga Tambuwal a motar wani abokina, sabuwa dal, ba zan faɗi sunanta ba. Mun tsaya a Shagari mun yi sallar azahar, motar ta yi kamar minti arba'in a rana. Da muka dawo ya tayar, inji ya tashi lafiya lau, allo kuwa baƙi ƙirin. Kafin mu tsaya ya kashe esi don yana waya. To ina za a kunna? Babu maɓalli ko ɗaya. Kwamfireso lafiyarsa ƙalau, gas a cike, fanka ba abin da ya same ta, amma hanyar da za a ce musu "ku tashi" ta rufe. Haka muka sauke gilasai, iska mai zafi kamar daga bakin tanda tana dukanmu, mai Golf ɗin haya ya wuce mu yana kallonmu. Sai da muka wuce Bodinga allon ya farfaɗo da kansa, kamar ba shi ba. Wanda ya san Sakkwato a Afrilu, lokacin da zafi ke haura 40, ya san wannan ba abin dariya ba ne in akwai jariri ko tsoho a bayan mota.

Kuma kar ku ɗauka tsautsayinmu ne mu kaɗai. A Fabrairun 2021 hukumar kula da lafiyar hanya ta Amurka ta sa Tesla ta janye motoci kusan 135,000, Model S da Model X. Dalili? Wani ɗan memori mai gig 8 a bayan allon, irin na cikin waya, yana gajiya da yawan rubutu da gogewa. In ya gaji allo ya mutu, kyamarar ribas ta tafi, na'urar share raɓar gilashi ta tafi, har ƙarar tirafiketo. Kamfanin da kansa ya ce shekara biyar zuwa shida aka ƙiyasta wa memorin. Ku tsaya a nan ku yi lissafi. Mu yawancinmu motar da ta shekara biyar, takwas, goma a hannun wani muke saye. Wato lokacin da abin ya fara gajiya, lokacin ne yake sauka a Kwatano ko Legas ya kamo hanyar Arewa. Inji mai kyau zai yi shekara ashirin, kayan cikin allo kuwa 'yan uwan wayar hannu ne. Wa ke riƙe da wayar da ya saya shekara goma da suka wuce?

Ga kuma rana da ƙura. Dasbod ɗin motar da aka bari a rana a nan na iya haura digiri 70. Gam ɗin da ya haɗa gilashin taɓawa da allon yana saki, sai ka ga kumfa a gefe, ko allon ya fara danna kansa da kansa kamar da aljanu. Tsohon allon taɓawa matsi yake ji, ko da bakin makulli ka danna zai amsa. Sabon irin na waya ne, ya fi saurin amsawa nesa ba kusa ba, amma ka zo da hannu a jiƙe bayan alwala ka ga yadda zai yi maka gardama. Da hunturu kuwa, baƙin gilashi mai sheƙi da ƙurar Sakkwato, kullum kana cikin goga.

Kar Alhaji ya ce to shi ke nan, ta 2010 ta ci. Tsaya tukuna. Yayi na biyu yana da nasa tarkon, kuma shi ne ya fi cin kuɗin mutane a gareji. Manyan motocin Jamus na wancan lokacin, irin E-Class daga 2002, 7 Series da A8, ba waya ce ta tagulla ke kai sauti ba. Wata siririyar igiya ce mai ɗaukar haske, ana ce wa tsarin MOST. Igiyar ta tashi daga allo, ta shiga na'urar CD, ta fita ta shiga ta waya, ta shiga amfilifaya a but, ta zagayo ta dawo. Zobe ne. Kamar carbi: in zaren ya tsinke a wuri ɗaya, duka ya zube. Sai na'urar CD da ba ka taɓa amfani da ita ba ta mutu, sauti ya ɗauke gaba ɗaya a motar. Mai wayarin da bai san tsarin ba zai ce maka amfilifaya ce, ka aika Ƙofar Ruwa a Kano ko Panteka a Kaduna a kawo, a sa, shiru. Ya ce allo ne, a aika Ladipo. Alhali wanda ya sani zai bi zoben ɗaya bayan ɗaya yana duba inda jan hasken ya tsaya, ya cire matacciyar ya haɗa bakin igiyar da ɗan maɗauri mai arha, sauti ya dawo. Ilimin ne ke da tsada a nan, ba kayan ba.

Amfilifayar ma tana zaune a but ko ƙarƙashin kujera, inda ruwa ke taruwa. Motoci da yawa da ke shigo mana daga gwanjon Amurka suke, wasu kuma ambaliya ce ta kai su gwanjon, irin wadda guguwar Harvey ta yi a Houston a 2017. An wanke, an fesa turare, amma tsatsa na nan tana cin bakin wayoyi a hankali. Ɗaga kafet ɗin but ka shinshina. Hanci ya fi na'ura saurin gano wannan.

Sannan ko a yayi na biyun akwai masu esi a cikin allo. RX ɗin nan mai taswira ta kafin 2009, ƙarfin fanka da inda iska za ta fito a allon ake zaɓa. 'Yar'uwarta marar taswira, wadda dillali zai ce maka "ba ful ofshin ba ce", ita ke da maɓallanta a waje. A Danchadi ni marar ful ofshin ɗin zan ɗauka.

Yanzu mu zo kan abin da ake biyan kuɗin saboda shi. Taswirar cikin motar da ta zo daga Amurka ta Amurka ce da Kanada. Kana Sifawa, kibiyar na yawo a fili fetal, ko tana nuna maka titin wani gari a Texas. Maɓallin SiriusXM, rediyon tauraron ɗan'adam, ba ya aiki a Afirka sam. Zafi a ma'aunin Amurka, tafiya a mil, waɗannan dai ana iya canzawa. Rediyon matsakaicin zango na motar Amurka yana tsalle goma-goma, namu tara-tara ne, shi ya sa mai neman Rediyon Tarayya Kaduna a 594 zai ga 590, ya ga 600, ya rasa ta tsakiya, sai in an canza wa na'urar yanki da kwamfuta. Wasu sababbin motocin lantarki ma an cire musu matsakaicin zangon ɗungurungum.

Sabon yayi ya ƙara wani abu a kan wannan: rabin gwanintarsa a intanet take. Tayar da mota daga waya, ganin inda take, cunkoson hanya, sabunta manhaja ta iska, duk sun dogara da layin da ke cikin motar, wanda aka ɗaure da ƙasar da aka fara sayar da ita. Ko a can ma abin ba ya dawwama. A 2022 da kamfanonin waya na Amurka suka kashe 3G, motoci masu ɗimbin yawa, har da manya, suka wayi gari waɗannan hidimomi sun mutu. A shekarar kuma BMW ta gwada karɓar kusan dala 18 duk wata a wasu ƙasashe kafin ta kunna maka ɗumama kujerar da ke cikin motarka, sai da mutane suka yi caa ta janye a 2023. Mu dai ɗumama kujera ba ta dame mu ba, rana ta ɗauke mana wannan nauyin kyauta. Maganar murya kuma, "Hey Mercedes" ba ta jin Hausa. Ka ce mata Danchadi, ko Dogon Daji, ka ji abin da za ta maimaita maka.

To ba abin kirki a sabon ke nan? Akwai, kuma ba zan rage masa ba. Na ɗaya kyamara. Tun Mayun 2018 doka ta wajabta kyamarar ribas a duk sabuwar mota a Amurka, manyan kuma suna da mai nuna kewayen motar duka daga sama. A gidajenmu da yara ke wasa a ƙofar gida, awaki na kwance ƙarƙashin mota suna shan inuwa, wannan ba ado ba ne. Jif mai tsayi irin LX ko GX, yaro ɗan shekara biyu in ya tsaya a bayanta ba madubin da zai nuna maka shi.

Na biyu shi ne Apple CarPlay, da ya fito a 2014, da Android Auto a 2015. A ganina wannan ne abu mafi amfani da ya sami allon mota tun da aka fara shi, don ya karɓe aikin daga hannun motar ya miƙa wa wayarka. Allon ya zama madubi kawai. Taswirar Google ta san Bodinga, ta san Yabo, kuma za ka iya sauke yankin a waya tun kana Sakkwato, ta ci gaba da aiki inda babu sabis, don GPS ba ya cin data. Karatu, wa'azi, waƙa, saƙon WhatsApp, duk daga wayar. In ta tsufa ka canza waya, ba mota ba. Amma a lura, ba kowace mota mai sabuwar shekara ke da shi ba. Lexus ta makara ƙwarai: sai a ES ta 2019 ta fara sa CarPlay, GX 460 sai 2022, LX 570 kuwa har aka daina ƙera ta ba ta samu daga kamfani ba. Kar dillali ya ce maka "akwai", ka zo da igiyarka ka jona ka gani.

Akwai kuma maganar ido a kan hanya. A 2022 wata mujallar motoci a Suwidin, Vi Bilägare, ta gwada sababbin motoci 11 da wata tsohuwar Volvo V70 ta 2005 marar allon taɓawa. Direba na gudun kilomita 110 a awa, aka ba shi ayyuka huɗu irin na kullum: esi da ɗumama kujera, canza tasha, goge lissafin tafiya, rage hasken dasbod. A tsohuwar Volvo daƙiƙa 10 ya yi, mita 306. A wadda ta fi jinkiri, MG Marvel R, daƙiƙa 44.9, mita 1,372. Fiye da kilomita guda hankalinka a rabe. Ɗora wannan a kan titin Sakkwato zuwa Jega da yamma ranar kasuwa, ga tirela, ga amalanke, ga garken shanu na tsallakawa, ga ɗan acaba ya fito ba sallama. Maɓalli hannu ke haddace shi, kamar yadda kake laluben makunnin fitilar ɗakinka cikin duhu. Gilashi kuwa ko'ina sumul yake, dole ka kalla. Turawan ma sun fara dawowa daga rakiyar abin. Hukumar Euro NCAP mai ba motoci taurarin aminci ta ce daga 2026 za ta riƙa duba ko tirafiketo, fitilar haɗari, hon, waifa da kiran gaggawa suna da abin dannawa na zahiri.

Wani zai ce to a sayi ta 2010 a sa mata allon Android na kasuwa mana. Ana yi, kuma in an dace yana biyan buƙata. Sai dai abu biyu. Kar ka yarda a yanke waya ko ɗaya, a nemo mai soket daidai da motarka, don waɗannan motocin na'urorinsu hira suke da juna ta wayoyin nan, in allon bai iya yin barci ba zai hana sauran barci, ka wayi gari batir ya sauka. Kuma mai ƙaramin memori, gig biyu, zafin nan zai sa ya riƙa sanƙarewa. Ni na fi son ɗan akwatin da ake ɓoyewa a bayan allon asali ya ƙara masa CarPlay da Android Auto, komai na kamfani ya zauna yadda yake. A sabuwar mota kuwa wannan ƙofar kusan a rufe take. Allon ba ya cirewa a sa na kasuwa, ko na irinta ka samo daga motar da ta yi haɗari, sau da yawa sai an haɗa shi da lambar motarka da kwamfutar dila, abin da zai iya kai ka Abuja ko Legas.

Saboda haka Alhaji, ni ba zan ce ka sayar da shanu saboda allo ba. In da so samu ne ma, tsakanin biyun nan akwai motocin wajen 2016 zuwa 2020 da suka haɗa abin da ake so: kyamara mai kyau, wasunsu da CarPlay, ga maɓallan esi da ƙullin sauti a waje. S-Class ta 2013 zuwa 2020 haka maɓallanta suke, LX 570 ma haka. Amma in lallai cikin biyun nan ne, ga abin da za ka yi. Ka je da tsakar rana, ba da safe ba, ka ce a fito da motar daga rumfa ta yi awa guda a rana. Ka tayar, ka duba daƙiƙa nawa allon ke yi kafin ya amsa. Ka sa ribas ka ga ko hoton na zuwa nan take. Ka jona wayarka da igiya. Ka saurari kowace lasifika, gaba da baya. Sannan ka ɗauki hularka ka rufe allon da ita gaba ɗaya, ka gwada kunna esi, ƙara fanka, rage sauti, da share gilashi, ba tare da ka ɗaga hular ba. Duk abin da ka kasa yi, shi ne abin da za ka rasa ranar da ya ɗauke maka a Danchadi. In yaran sun raka ka, su ka ba hular su gwada da kansu.

Wanda ya san mai wayarin a cikin Sakkwato da ya iya bin zoben hasken nan, ya rubuta mana unguwar a ƙasa, don tambayar na yawan zuwa. Mako mai zuwa maganar batir za mu yi, da dalilin da ya sa na manyan motoci ba ya shekara biyu a nan. Sai mun haɗu, a gaida mutanen Danchadi.